Fitila Ɗaya Don Maitreyi

Ranar da suka fara haɗuwa, faɗuwa ta yi.

Da la'asar ne, a tsohon ɗakin wasan kwaikwayo na unguwarmu, Shyambazar, cikin Kolkata. An kashe fitilu ana shirin gwaji. Ina gefe ina gugar kayan 'yan wasa, don shi ne aikina a ƙungiyar. Ƙanena Palash, wanda yanzu ba ya duniya, yana kan tsani yana ɗaura fitila. Sai muka ji rigijib a bayan labule.

"Wane mara hankali ne ya shimfiɗa waya a kan hanya?"

Palash ya sauko da tocila ya haska. Wata siririyar budurwa ce zaune a ƙasa, takardunta sun watse.

"Ga mara hankalin nan, Madam. Amma wayar fara ce sol, shekara uku tana wurin, ko kyanwa ba ta taɓa tuntuɓe da ita ba."

"To yau ka samu kyanwa. Kawar da tocilar nan daga idona, ka ɗaga ni."

Ita ce Maitreyi Lahiri, sabuwar daraktar da aka kawo mana. Shekararta ashirin da shida. Duk muka yi dariya. Babu wanda ya tambayi kansa me ya hana ta ganin wayar da kowa yake gani.

Kafin mu isa gida ya riga ya tura mata saƙo. Ni ya nuna wa, yana ta murmushi cikin bas.

"Madam, na ɗauke wayar. Hanya ta gyaru. Palash mai wuta."

Ta amsa: "Na gode, Mai Wuta. Gobe ƙarfe uku. Hasken fitowa ta biyu ya yi yawa. Ina son ya zama kamar safiyar da aka kwana ana ruwa."

"Safiyar wace unguwa, taku ko tamu? Tamu kwata ce take cika."

"Taku nake so."

Daga nan ne. Kullum bayan gwaji suna tsaye wurin mai shayi, kowa da ɗan kofin ƙasa a hannu, suna gardama a kan haske. Ita ta ce ya cika son ja, shi ya ce ta cika son duhu. Wata rana ya rubuta mata: "Jhinuk, kin ci abinci?"

"Wa ya ba ka wannan sunan? Na gida ne."

"Na ji babanki ya kira ki da shi a waya. Aro na yi."

"Riƙe shi. Amma ban da gaban 'yan wasa."

Wasanta na farko mutum goma sha bakwai suka zo, har da mai sayar da tikiti. Na biyu ruwa ya cika titi, aka yi wa kujeru wasa. Na uku ne ya tashi, labarin matan wata masaƙar buhu da aka rufe. Kwana arba'in ɗakin yana cika, jaridu suka riƙa buga hotonta. Palash ya yanke kowanne ya liƙa a bayan ƙofar ɗakinmu.

A lokacin ne ya sa farar rigarsa, ya sayi kindirmo mai zaƙi cikin tukunya, ya tafi wurin mahaifinta. Lahiri-babu ake ce masa don girmamawa. Tsohon hedimasta ne, matarsa ta rasu, Maitreyi kaɗai gare shi. Ya dubi Palash ta saman tabarau, bai nuna masa kujera ba.

"Mita ka zo dubawa?"

"A'a, ranka ya daɗe. Maganar Maitreyi ce ta kawo ni."

"Aji nawa ka yi?"

"Takwas."

"Ɗan gidan Mondal, aji takwas, mai hawa tsani. Yaro, gidan Lahiri bai taɓa haɗa jini da irin gidanku ba, kuma ba daga kaina za a fara ba. Ɗauki tukunyarka, likita ya hana ni zaƙi."

Tsohon yana da wanda yake so. Indranil, babban ɗan wasanmu, ma'aikacin banki ne da rana, kyakkyawa, danginsu ɗaya da su wajen asali.

Palash bai karaya ba sai da saƙonninta suka fara raguwa. Ya rubuta layi biyar, ta amsa da kalma ɗaya. Daga baya ko ɗayar ma babu. Rannan muna fitowa daga gwaji, ya hango ta tana saukowa daga bene, ta riƙe hannun Indranil gam, kanta a ƙasa. Ta wuce ta gefensa kamar bango ne. Ko kallo bai samu ba.

Washegari ya kwashe kayan aikinsa ya koma haɗa wa gidajen biki wutar lantarki. Saƙonsa na ƙarshe na gan shi da idona: "Jhinuk, na gane. Da kin faɗa mini da bakinki da ya fi. Fitila ta huɗu tana zafi, ki ce wa wanda zai zo ya riƙa kashe ta tsakanin fitowa."

Ni ma fushi na yi da ita. Ina guga, ba na ɗaga kai in ta wuce.

Bayan wata biyu ta same ni a ɗakin kaya, ta rufe ƙofa, ta miƙo mini wayarta.

"Didi, karanta mini."

Didi take ce mini, kamar yadda Palash yake kirana, yayarsa.

"Ke mai digiri biyu? Ni aji huɗu na yi."

"Karanta dai, ko a hankali ne."

Saƙonni goma sha tara ne, duk nasa, babu wanda aka buɗe. Na fara haɗa baƙi ina in'ina. Da na zo kan fitila ta huɗu sai ta zauna a kan akwatin kaya ta rufe fuska.

Ta ce ciwon ido ne na gado, daga wajen mahaifiyarta. Duhu ya fara cin gefe da gefe, yana matsowa tsakiya. Yanzu kamar ta cikin bakin kwalba take leƙen duniya, shi ma sai da haske mai ƙarfi. Likitoci uku ta gani, har Chennai ta je. Babu magani. Ganin da ya rage mata na shekara ɗaya ne, in an yi sa'a, shekara biyu.

"Ranar benen nan fa?" na tambaye ta.

"Matakala nake ƙirgawa, Didi. Hannun wanda ya fi kusa na kama. Palash yana wurin?"

"Kafaɗarki ta kusa taɓa shi."

Sannan ta sa na dafa kanta na yi rantsuwa ba zan faɗa masa ba. "Bar shi ya tsane ni. Ya fi masa sauƙi a kan ya ƙare rayuwarsa yana jan makauniya."

A watan sanyi aka ba ta lambar yabo ta gwarzon darakta na shekara, saboda wasan matan masaƙa. Kwana biyu kafin taron muka je ni da ita muka auna hanya: taku tara zuwa matakala, matakala biyar, taku shida zuwa tebur. Ta hau ba tuntuɓe. Mutum dubu suka miƙe suna tafi, ta yi musu murmushi, ta yi godiya tana fuskantar gefen da babu kowa sai tukwanen furanni. Wasu suka ɗauka salo ne.

Cikin motar dawowa ta ɗora mini lambar a cinya. "Wane launi ce?"

"Ruwan tagulla."

"To. Wannan ne wasana na ƙarshe."

Mahaifinta mutum ne mai gaskiya ko da a kansa ne. Ya je ya faɗa wa iyayen Indranil halin da ake ciki. Suka ba shi shayi, suka yi masa jaje. Bayan sati suka aiko cewa an duba taurarin yaran, ba su dace ba. Indranil ya nemi canjin wurin aiki zuwa wani gari.

Ni kuwa na karya rantsuwata. Na samu Palash a kan sandar gora yana ɗaura ƙwan fitila a gidan wani biki, na ce ya sauko. Na faɗa masa komai a bakin titi. Ya miƙa mini filayarsa ya tafi da ƙafa, ko takalmi bai tsaya nema ba. Na bi shi a baya.

Tana zaune a baranda, tsohon yana karanta mata jarida.

"Wa ke nan?"

"Mai duba mita ne," in ji Palash.

Ta juyo wajen muryar. "Didi ta ci amanata."

"Ta ci. Ni kuma na zo."

"Koma, Mai Wuta. Ba ni da abin da zan ba ka. Ko ranar auren ma kunya zan ba ka. Za a ɗaga ni a kan kujera, in sauke ganyen pan da amarya take rufe fuska da shi don mu kalli juna a gaban kowa, sai a gan ni ina kallon kawun wani. Kallon farko na ango da amarya shi ne albarkar aure. Ni ba ni da shi."

"Me ya rage kina gani?"

"Ɗan tsakiya. In haske ya yi ƙarfi, kewaye kuma duhu."

"Shekara uku kina ce mini in rage haske a ko'ina in bar shi wuri ɗaya. Kin ɗauka ba na ji?"

Lahiri-babu ya ninke jaridar.

"Ba don ra'ayina ya canza ba, yaro," in ji shi. "Na tsufa, kuma babu wani manemi da ya rage."

"Na sani, ranka ya daɗe."

"To ɗauko kujera ka zauna."

An sa ranar a watan Falgun, wajen ƙarshen sanyi, da almuru, a tsakar gidansu. Danginsu da yawa ba su zo ba. Tun safe ango yana kan bishiyar mangwaro yana ɗaura fitila ta huɗu, wadda ya aro daga ɗakin wasa. Ya zana alama da alli inda zai tsaya, ya zana wata inda za a tsayar da ita. Mai ɗaura auren yana ta mita wai bai taɓa ganin angon da aka sauko da shi daga bishiya ba.

Maitreyi ba ta da 'yan'uwa maza, don haka 'yan wasanmu huɗu ne suka ɗaga kujerar. Suka zagaya ango da ita sau bakwai, tana rufe da fuska da ganyen pan guda biyu. Mata na guɗa. Ni ina jikin bango, hannuna a kan makunni, kamar yadda ya koya mini.

Da suka tsaya a kan alamar, na kashe duk fitilun gidan na kunna guda ɗaya.

Tsakar gida ta yi duhu, aka yi tsit. Ba a ganin komai sai fuskar ƙanena, da hular angonci da ta karkace, da gumi a goshinsa.

Ta sauke ganyen. Idonta ya yi dama, ya yi hagu, ya wuce shi ya dawo. Sai na ga idon ya tsaya a kansa.

"Matsa hagu kaɗan," ta ce, da muryar da take ba 'yan wasa umarni. "Ɗaga haɓarka."

Ya matsa, ya ɗaga.

"Ka rame, Mai Wuta."

"Kin gan ni, Jhinuk?"

"Na gan ka. Kada ka motsa."

Bai motsa ba. Fitilar tana ƙona shi, masu ɗauke da kujera hannuwansu na rawa, mai ɗaura aure ya yi gyaran murya sau biyu, babu wanda ya kula shi. Ta kalle shi har ta ƙoshi.

Kafin damina ta biyu ganinta ya tafi gaba ɗaya. Ta sake shirya wasa biyu da kunne, yana gefenta yana raɗa mata inda kowa ya tsaya. A shekara ta huɗu zazzaɓin sauro ya ɗauke shi cikin kwana shida. Tun daga nan ba ta sake taka ɗakin wasa ba. Tare muke zaune yanzu, ni da ita. Lambar tana kan kabad, nakan share mata ƙura. Ta ce sauran fuskoki duk sun goge mata, har ta mahaifinta, amma wannan tana nan da karkatacciyar hularta.

Abin da na fi tunawa shi ne bayan na maido da fitilu a ranar auren. Suka durƙusa gaban tsohon suka taɓa ƙafarsa. Ya ɗebi shinkafa da ɗanyar ciyawa ya ɗora a kanta. Ya ɗan tsaya. Sannan ya ɗora a kan Palash, ya bar hannunsa a wurin.

"Ubangiji ya bar ku tare," in ji shi. "Tashi, ɗana. Riƙe hannunta, akwai matakala."