Gadon Jaririn da Shahad Ta Ƙona

Gab da magariba, bayan an tashi 'yan ajin yamma, Malama Ibtisam ta miƙa wa Rawan mabuɗi ta je ta kashe kwamfutoci. Ƙawarta Shahad ta bi ta, wai rakiya. Ina rakiya! Wani adireshin intanet ta samo wanda makarantarsu ta birnin Irbid a ƙasar Jodan ba ta toshe ba, na wasan nan da ake gini da tubala, a haƙa ƙasa yadda aka ga dama.

"Ke dai matsoraciya ce," in ji Shahad. "Zauna ki sha kallo."

Rawan ta zauna. Shahad ta yi ta haƙa a cikin wasan har ta faɗa wani ɗaki can ƙarƙashin ƙasa. Ga shimfiɗa, ga tulu, ga ɗan gadon jariri. Babu wadda ta gina shi a cikinsu.

"Mu fita," Rawan ta ce ƙasa-ƙasa. "Gidan mutane ne."

"Waɗanne mutane? Wasa ne fa!" Shahad ta zaɓi bokitin narkakkiyar wuta ta juye a kan gadon tana dariya, ko bisimilla babu. Daidai nan ladan ya ɗaga murya.

Ƙugin kwamfutocin ya tsaya cak. Allon kuwa bai mutu ba.

Sai ƙauri, irin na gashi ya taɓa murhu. Sai kukan jariri, ba daga lasifika ba, daga ƙarƙashin daɓen da suke takawa. Daɓen ya ɗau zafi.

Muryar mace, a dishe, ta yi raɗa a tsakaninsu: "Wace ce ta zuba?"

Shahad ta damƙe hannun Rawan. "Don Allah, 'yar'uwa, kar ki..."

Numfashi mai zafi ya sauka a wuyan Rawan. Wasu yatsu suka fara lalubar gefen mayafinta. Tana son Shahad, Allah ya sani, amma tsoro ya fi ƙarfinta.

Ta ɗaga yatsa ta nuna Shahad.

Ƙofa ta buɗe da kanta. Rawan ta fice a guje da takalmi ɗaya.

Can sai ga Shahad ta fito, ko ƙwarzane babu. Sai dai tun ranar, da zarar rana ta faɗi, duk inda take sai ta zauna ta lanƙwasa hannuwa kamar mai rungume da jinjiri, tana jijjigawa, tana hura masa iska, hawaye na zuba. Da ƙyar Rawan ta iya tambayarta har zuwa yaushe.

"Uwarsa ta ce sai ya warke," in ji Shahad, ba ta ko ɗago kai ba. "Kuma ba ya warkewa, Rawan."