Gidan da Ruwa Ya Ci

"Ajiye biron nan!"

Muryata ta daki bangon falon ta dawo mini, don gidan fayau yake, ko kujera babu, sai warin sabon fenti. Dogo ya ɗago kai daga takardun bankin da aka shimfiɗa masa a bakin taga, biro a hannunsa.

"Malamata... lafiya?"

"Na ce ka ajiye!"

Umma ta zaro ido. "Auta! Kanki ɗaya kuwa? Mutumin da za ki aura kike wa tsawa a gaban iyaye?"

Ni ce auta a gidanmu, malamar lissafi ce a sakandare. Dogo kuwa a asibiti yake aiki, ɗakin hoton ƙashi. Can muka haɗu ranar da na kai wata ɗalibata da ta karye a hannu, ya lallashi yarinyar har ta yi dariya, ni kuma ban sake samun kaina ba tun daga ranar.

Kowa a gidanmu ya yi na'am da shi. Sharaɗi ɗaya Umma ta kafa, ba ta kuma janye ba: 'yarta ba za ta tare a gidan haya ba. Tana da dalilinta. Farkon aurensu da Abba, mai gida ya taɓa watsa musu kaya waje ana ruwan sama, tana goye da babban yayanmu. Har yau in hadari ya haɗu sai ka ga ta yi shiru.

Nan ɗan Gwaggo ya samu ƙofa. Dillalin gidaje ne, muna ce masa Yaya Mai Makulli saboda tarin makullan da yake kaɗawa duk inda ya shiga. Sau biyu ya ce yana sona, sau biyu na ba shi haƙuri. Sai ga shi da fara'a ya samo wa Dogo gida mai ɗaki huɗu, ya kuma haɗa shi da banki: Dogo zai ba da duk abin da ya tara a gaba, banki ya cika sauran, a riƙa cira a albashinsa duk wata har shekara ashirin da biyar.

Yau aka kawo mu ganin gida, da Umma da Gwaggo da Abba mai dogara sanda. Suna zagaya ɗakuna suna tasbihi, ni kuwa ina tsaye ina danna waya. Da na ga abin da lissafin ya fitar, sai da na sake shi sau uku, ina fatan ni ce na yi kuskure.

"Gidan nan ruwa ya ci shi," na ce.

Gwaggo ta yi tsalle gefe ta tattare zani. Ta ɗaga kai ta duba silin, ta shafa bango da tafin hannu, ta shinshina.

"Wane ruwan? Ko danshi babu! Ke dai 'yar nan baƙin ciki kike wa kanki."

"Ba na sama ba, Gwaggo. Ruwan banki."

Mai Makulli ya yi dariya, makullai na amsa masa. "Ƙanwata, ina ruwanki da lissafin maza?"

"Ruwana ne mana, Yaya, tunda ni zan sha shi! Nawa Dogo zai biya?"

"Na faɗa masa, abin da za a cira a wata bai kai..."

"Ba na wata na tambaye ka ba. Duka-duka, ranar da zai gama, nawa ya biya?"

Ya kau da kai, ya cusa makullan a aljihu.

Abin da ke ƙona mini rai ke nan da mutanenmu! Tumatir za mu tsaya mu yi cinikinsa har maƙogwaro ya bushe, amma a miƙo mana rabin rayuwarmu a takarda, ba ma tambayar komai sai "nawa ne a wata?" In an faɗa, mu ce Allah ya rufa asiri, mu sa hannu.

Na buɗe jaka. Malama ba ta rabuwa da guntun alli. Na durƙusa a kan sabon tayil.

"Bashi uwa gare shi, yana kuma da ruwa."

"Wace uwar kuma?" in ji Umma a fusace.

"Ba ke ba, Umma. Uwar kuɗi, ainihin abin da aka ranta maka. Ruwa kuma shi ne ƙarin da banki ke ɗorawa, kashi sha biyar cikin ɗari duk shekara. Duk abin da ka kai, ruwa ke fara sha ya ƙoshi, sai ragowar ta je wa uwa." Na juya. "Dogona, zo ka tsaya a bakin ƙofa."

Ya ajiye biron ya zo, kamar ɗalibin da aka kira gaban allo.

"Tsakar gida da ƙofar waje, a ce tarinka ne ya saye su. Ginin nan kuwa na banki ne. Yanzu ka biya shekara biyar, ba fashi ko na wata ɗaya. Kuɗin da ka kai sun haura kashi uku cikin huɗu na abin da ka ranta. Nuna mini inda kake jin ka mallaka."

Ya yi murmushi, ya nuna can cikin lungu. "Aƙalla dai falo da ɗakinki, hasken idona."

Na ja layi a gaban takalminsa. Ɗan wurin da ke tsakanin layin da dokin ƙofa bai wuce inda ake ajiye abin goge ƙafa ba.

"Nan," na ce.

Ya dubi layin. Ya dube ni.

"Nan... kawai?"

"Nan kawai. Ko kashi uku cikin ɗari bai cika ba."

Na matsa kaɗan na ja wani. "Shekara goma." Ko tsakiyar falo bai kai ba. Na miƙe na ratsa falon, na shiga lungu, na tsaya a tsakiyar gidan na ja na uku. "Sai ka yi shekara ashirin kana biya kafin rabi ya zama naka. Ranar da za ka gama, kuɗin gida kusan huɗu ka biya. Ɗaya mu kwana a ciki, sauran ukun ba za mu taɓa ganin ko ƙofarsu ba."

Ni kaina da na yi lissafin, da na gan shi kwance a ƙasa da farin alli, sai ya zame mini kamar sabon abu. Na saba da lambobi a kan allo, ban taɓa ganin shekarun mutum a shimfiɗe a daɓe ba. Ga ƙuruciyar Dogo a bakin ƙofa, ga furfurarsa can a lungu.

"Ikon Allah..." in ji Dogo a hankali. Bai ɗauke ido daga layin farko ba.

"Haya ma ai asara ce!" Mai Makulli ya farfaɗo. "Kuma gida daraja yake ƙarawa."

"Ban musa ba, Yaya. Ban ce bashi ba ya da rana ba. Amma wanda zai shiga kogi a faɗa masa zurfinsa. Kai la'adarka yau za ka karɓa, shi kuwa sai 'yarsa ta isa aure yana biya."

Gwaggo ta taɓe baki. "To in ba zai iya ba, a daina wahalar da bawan Allah. Ga ɗan gida nan, gidajensa biyu, ba bashi ba komai."

Sai a lokacin na gane. In Dogo ya sa hannu, Yaya ya ci la'ada. In ya ja da baya, Umma ta hana shi ni. Ta gaba ko ta baya, Mai Makulli ke da riba.

Dogo ma ya gane. Ya sunkuya ya ɗauki biron.

"Zan iya." Ya dube ni. "Na riga na yi magana da wani asibitin, zan riƙa yi musu aikin dare. Ko gida goma ne zan biya, Malamata. Ke dai kada na rasa ki."

"Da safe kana can, da dare kana can... ni kuma wa na aura? Bango?"

"Auta, ya isa!" in ji Umma. "Namiji ya ce zai iya. Ubanki ma ai da bashin banki ya saya mana gida, ya mutu ne?"

"Ba ni allin nan."

Abba ne. Tunda muka shigo bai ce uffan ba. Tsohon direban babbar mota ne, gwiwoyinsa sun gaji, magana ma ba ta dame shi ba. Shekarar da aka haife ni ya ci bashin gidanmu, bara ya gama biya. A gida har tsokanata ake, wai ni da bashi tagwaye ne.

Ya karɓi allin, ya taka a hankali zuwa layin farko, ya tsaya a kansa.

"Nan nake ranar da aka sa Auta a makaranta," ya ce. "Na je banki da murna in ji saura nawa. Da yaron bankin ya faɗa mini, na ce ɗana sake dubawa, ka ɗauko na wani ne."

Umma ta juyo gaba ɗaya. "Ba ka taɓa faɗa mini ba."

"Me zan faɗa miki? Daren da muka tare na ga kin yi barci har da minshari, ana ruwa kamar da bakin ƙwarya. Tun da aka watsa mana kaya ban ga kin yi irin barcin nan ba. Sai na ce ko nawa ne ya yi araha."

Ya matsa zuwa layi na biyu, sandarsa na ƙwanƙwasa tayil.

"Tun daga bakin ƙofa har zuwa nan ban taɓa zaɓen hanya ba, duk lodin da aka ba ni ɗauka nake. Auta ta fara tafiya ina hanya. Ta fara magana ina hanya." Ya dube ni, yana murmushi. "Kin tuna abin da kike cewa in na dawo?"

Na tuna. Wayyo, na tuna! Bayan Umma nake ɓuya, in leƙo in ce, "Umma, baƙon nan ya dawo." Kowa ya yi dariya, shi ma ya yi.

Hawaye suka ɓalle mini. Duk tsawon rayuwata na ɗauka Abba mutum ne mai son tafiya. Ashe ɗakin da na girma a ciki, da tagar da nake karatu a jikinta, da shi aka biya su, wata bayan wata.

"Gida nawa ka biya?" Umma ta tambaya.

"Uku da ɗoriya."

"Ina sauran?"

"Ruwa ya tafi da su." Ya ɗaga kafaɗa. "Ban yi da-na-sani ba, kin samu rufi. Amma ni ba wanda ya ja mini layi. Wannan yaron an ja masa." Ya juya ga Dogo. "Ɗana, kuɗi in sun tafi wasu na zuwa. Ranar da ɗanka zai fara tafiya kuwa guda ɗaya ce."

Umma ta zauna a ƙasa, a kan sabon tayil ɗin, ita da ba ta zama ko a kujerar da ba ta kakkaɓe ba. Ta daɗe tana kallon gwiwoyin Abba kamar yau ta fara ganinsu.

"Shekara ashirin da biyar ina gode wa Allah da ya ba ni gida," ta ce. "Ban taɓa tambayar ina mai gidan yake ba."

Ta share ido da gefen mayafi, ta dubi Dogo.

"Kai kuma, Dogo, ajiye biron nan. Ba ka ji matarka ta yi magana ba?"

Matarka!

Dogo ya saki biron har ya faɗi ƙasa. Gwaggo ta ja tsaki ta yi waje. Mai Makulli ya tattara takardunsa ya bi ta, ya ma manta bai kulle ƙofar ba.

Umma ba ta janye sharaɗinta ba, ba mu tare a haya ba. Wani ɗan gida muka samu a ƙarshen layi, ɗaki biyu, kicin ɗinsa in ka miƙa hannu ka taɓa bango da bango. Tarin Dogo ya biya fiye da rabi, sauran muka ranta na shekara bakwai, bayan na zaunar da ma'aikacin bankin ya rubuta mini jimillar da hannunsa, ya kuma tabbatar mana duk rarar da muka kai uwa za ta ci, ba tara.

Daren farko Dogo ya ja layin alli a falo. Duk ƙarshen wata sai ya goge ya matsar da shi. In ya samu kuɗin ƙarin aiki, ko na samu na koyarwar hutu, sai ya shigo yana washe baki.

"Malamata, yau uwa ta ci abinci!"

Umma in ta zo ko gaisuwa ba ta gamawa. "Ina layi ya kai?" Ran nan na kama ta tana cusa wa Dogo kuɗi a aljihu tana raɗa masa, "Ka kai wa uwar, kada ka bari ruwa ya gani."

Shekara biyar muka yi, ba bakwai ba. Ranar biyan ƙarshe Dogo ya ɗauko Abba a mota, ya miƙa masa allin. Abba ya dafa bangon ƙuryar ɗaki, ya sunkuya da ƙyar, ya ja layin a gindin bango, inda gida ya ƙare.

Yana miƙewa aka turo ƙofa. 'Yarmu ce ta biyu, wadda ba ta daɗe da fara tafiya ba. Ta ratsa ta kan layin tana tangaɗi, ƙafarta duk farin alli, ta wuce ni, ta wuce Umma, ta rungume ƙafar Dogo.

"Abba!" ta ce.

Abbana ya tsaya yana kallonsu, allin na hannunsa.

"Ka ji ko?" ya ce wa Dogo a hankali. "Ta san ka."