Ranar da Baƙin Kai Ya Taso

A zamanin Magaji Bubayero, shekaru kaɗan bayan Nasara sun ci ƙasar Katsina, a ƙarshen wata bazara mai tsananin zafi, aka yi abin da ya tashi garin Tudun Gawo, wanda ke tsakanin Kankiya da Kusada.

Gabas da garin akwai tafkin da ba ya ƙafewa. A cikinsa, in ji dattawa, akwai wata halitta da ake kira Mai-Kawuna, jikinta ɗaya, kawunanta huɗu. Farin kai na rani ne, ja na bazara, baƙi na damina, mai ruwan ɗorawa na kaka. Ɗaya ke farke a bisa ruwa, sauran na barci a ƙasa, kuma lokaci ba ya juyawa sai wannan ya nutse wancan ya taso. Malaman garin ba su musa ba. Sun dai ce ruwa na Allah ne, ita kuwa alama ce daga cikin halittunsa.

'Yan gidan Sarkin Noma kaɗai ke da iznin zuwa bakin tafkin. In Sarkin Noma ya ga baƙin kai ya taso, sai ya sa a buga ganga, gari duka ya fita shuka da safiya ɗaya. Al'adar kuwa ba ta da sassauci, ba a rage iri. Wanda ya ɓoye ko cikin tafi ya ƙaryata ganga ke nan, sai a fasa rumbunsa a gaban jama'a. Sarkin Noma Kabo ya daɗe da rawaninsa, kuma da hannunsa ya sha fasa rumbunan masu ɓoyo, har da na wata tsohuwa da ta riƙe ƙafarsa tana kuka.

A wannan shekara wani Bature mai rangadi ya sauka a garin. So yake a yi shuka da wuri, gero da gyaɗa duka, don gyaɗar ƙasar ta riga ta kowa isa jirgi a Kano. Ana cikin haka ruwa ya sauka sau ɗaya, ƙasa ta yi ƙamshi. Magaji ya tara fada, ya sa aka kira Kabo.

"Sarkin Noma, ruwa ya sauka, Bature na jira. Mi ya hana ganga?"

Kabo ya faɗi ya yi gaisuwa. "Ranka shi daɗe, jan kai na nan bisa ruwa, ko ƙyaftawa bai yi ba. Wanga ruwa na yaudara ne."

"Bature bai san jan kai ba," in ji Magaji. "Rawanina ya sani, ya kuma san yadda ake tuɓe shi."

Sai Babba, ƙanen Kabo, wanda ya tsufa yana hangen sarautar gidansu, ya gurguso gaba. "Ranka shi daɗe, ni ma ɗan gidan ne. Da hantsi na tahi tafki, na ga baƙin kai da idona. Idon Yaya ne ya gaji."

Kabo ya juya ya dube shi. Shi ya goye shi, shi ya fara kai shi bakin tafkin. "Babba, ka gani?"

"Na gani, Yaya," in ji Babba, idonsa na kan tabarma.

Kowa a fadar ya san ƙarya ce, amma ƙaryar da ta yi wa sarki daɗi ba ta rasa shaidu. Kafin la'asar an warware rawanin daga kan Kabo an naɗa wa Babba, ganga ta tashi.

A gida matarsa Kubura ta tare shi a bakin rumbu. "Maigida, kai ka san gaskiya. Bari in rage masaki guda in tura ƙarƙashin gado."

"Da wace huska? Na hwasa rumbun tsohuwa a kan abin da bai kai wannan ba. An buga ganga, Kubura. Ba ni ne zan fara ƙaryata ta ba."

"To sai ɗiyanka su ci ganga," in ji ta, ta shige ɗaki.

Da safe ya fita tare da kowa, yana sara yana jefa iri, yana sane cewa binne shi yake yi. Ya zazzage masakinsa har ƙwayar ƙarshe. Gero ya tsiro, ya yi kore shar, mutane suka riƙa yi wa Babba kirari. Daga nan sama ta ɗauke cak. Rana ta bi tsiron nan gona gona ta ƙone shi, har ya zama ana murza shi a hannu kamar taba.

Kabo bai daina zuwa tafki ba, ko da yake ba wanda ya aike shi. Wata safiya ya ga jan kai ya lumshe ido ya nutse, ruwa ya motsa, baƙin kai ya taso yana sheƙi. Bai taɓa ganinsa da girma haka ba. Ya tsaya hawaye na zuba, don ya san damina ce mai albarka ta zo. Ya nufi fada da hularsa kawai, ya durƙusa daga bayan fadawa.

"Ranka shi daɗe, baƙin kai ya taso. Yau ne shuka."

Babba ya sunkuyar da kai. Magaji ya daɗe yana kallon Kabo, sannan ya ce a hankali, "Da mi za mu shuka?"

Masu labari sun ce ba a taɓa ruwa mai kyau kamar na wannan shekara ba, kuma ciyawa ce ta sha shi. Bature ya wuce gaba da rangadinsa. Jama'a suka watse, wasu Rimaye, wasu Dudunni. Kabo ya binne 'ya'yansa biyu kafin kaka, Kubura kuwa ba ta ƙara ce masa uffan ba har ta mutu. Babba ya riƙe sarautar noma a garin da babu manomi.

Haka mulki yake. Yana iya sa a buga ganga a ranar da ya ga dama, amma ba ya iya sa damina ta amsa. Abin da ya fi ci mini rai kuwa shi ne, mutum ɗaya tak ya faɗi gaskiya a garin nan, shi ma ya shuka.