Kunkurun da Ta Ba Shi Riƙo

Ranar da ya fara shigowa shagon tabarau, ƙafar gilashinsa guda a ɗaure take da zaren ɗinki. Ya ajiye shi a kan kanta cikin jin kunya, ya ce shi malamin koyar da tuƙi ne, wata ɗalibarsa ce ta taka birki da ƙarfin da ya sa gilashin ya yi tsalle ya bar fuskarsa. Ma'aikaciyar shagon ta danne dariyarta, ta ce ya zauna, gyaran ba zai daɗe ba.

Tana cikin ɗaure 'yan ƙananan kusoshin firam ɗin sai kunnenta ya tsinkayi wani kiɗa da ta sani kamar sunanta. Ta ɗago. Ga shi can a kan benci, ya kafa na'urar wasa dab da hancinsa, ya ƙanƙance idanu yana fama.

Wasan tara halittu ne, wanda ita ma take yi tun tana makaranta. Mutum ya yi ta yawo cikin duniyar wasan yana kama halittu, yana rainonsu, yana raɗa musu suna. A shekarar nan aka ƙara masa sabon ɓangare, aka fitar da shi bugu biyu, na Teku da na Tudu. Kowane bugu da halittun da babu su a ɗayan, kuma ba a samunsu sai ta musaya, ita ma musayar ba ta yiwuwa sai na'urorin biyu suna kusa da juna.

"Malam, wane bugu ne naka?" ta tambaya, tun kafin ta yi shawara da zuciyarta.

"Na Tudu," ya ce, yana kallon wajen da muryar ta fito, don bai ganin fuskarta sosai. "Kada dai ki ce min..."

"Na Teku."

Ta zagayo ta ɗora masa gilashin a fuska, ta gyara zamansa a bayan kunne kamar yadda take yi wa kowa. Sai dai shi bai duba allon haruffan da ke bango ba. Ita ya duba, ya daɗe yana dubawa.

"Ya yi daidai?"

"Ya wuce daidai," ya ce a hankali.

Kunya ta rufe ta har ta manta ba ta ba shi ƙyallen goge gilashi ba. Washegari ya dawo karɓa.

Tun daga nan duk lokacin hutun rana sai ga 'yar motar koyon tuƙi ta tsaya a ƙofar shago. Su zauna a bencin nan, shayi yana hucewa a tsakaninsu, ta ba shi kifi mai fitila a goshi, ya ba ta zomon ƙanƙara. Ya raɗa mata 'Yar Teku, ta raɗa masa Na Tudu. Mai shagon, wata dattijuwa mai son zolaya, takan leƙo ta ce, "Yau kuma me ya karye a gilashin, ɗana?" Shi kuwa ya sosa ƙeya.

Da yamma saƙonsa yakan shigo.

"'Yar Teku, yau ɗalibina ya kusa hawa da ni kan shingen makaranta. Abin da ya fara zuwa raina shi ne ban ba ki mujiyar dutsen da na yi miki alkawari ba. Ki ga yadda kika mayar da ni."

Ita kuma ta amsa, "Allah ya tsare min kai, Na Tudu. Mujiya za ta iya jira. Ni ce dai ban san ko zan iya ba."

Ta tura, sannan ta kifa fuskarta a matashi.

Akwai wata halitta da ba ta taɓa sa wa a musaya ba, wani ɗan kunkurun ruwa mai barcin tsiya da ta raɗa wa suna Malalaci. Shi ta fara kamawa a sabon ɓangaren, a makonnin da Mama take kwance a asibiti, ita kuma tana zaman jinya a kujerar roba. Da shi ta riƙa rage tsoro har Allah ya ba Mama lafiya. An tsara wasan ne yadda irin wannan kunkuru ba ya fitar da fukafukai sai ya zauna a duwatsun bugun Tudu an yi ta yawo da shi. Ke nan sai ka miƙa shi ga wani, ba shaida ba takarda, ka zuba ido ko zai dawo maka da shi. Da yawa sun bayar ba su sake gani ba.

Wata rana ta zaɓo shi a allon musaya.

"Kin tabbata?" ya ce. Ya san labarin asibitin.

"Ka riƙe min shi. In ya yi fukafukai ka dawo min da abina."

Tunda dole kowa ya ba da wani abu kafin musaya ta yiwu, ya miƙa mata wani bunsurun dutse mai ɗaure fuska da ya sa wa suna Manaja. Suka danna amincewa tare. Ta bi kunkurun da kallo yana ficewa daga allonta, tana jin kamar ta faɗi wata babbar magana.

Ba a daɗe ba ya nemi izinin zuwa gidan iyayenta. Baba tsohon ma'aikacin tashar jirgin ƙasa ne, mutum mai son tsari, wanda har yanzu yake saita agogon falo da na hannunsa kowace safiya. Ya amsa gaisuwar saurayin da sakin fuska, ya ba su wuri. Da ya dawo wucewa bayan wani lokaci, sai ya tarar da falon tsit. Kowannensu ya sunkuyar da kai a kan allo, Na Tudu yana nuna mata inda Malalaci ya kai a hawan dutse.

Bayan saurayin ya tafi, Baba ya kira ta.

"Uwata," ya ce, don sunan mahaifiyarsa aka sa mata, "wannan da gemunsa yake farautar dodannin ƙarya, shi zai riƙe gida?"

"Baba, ai ni ma ina yi."

"Ke 'yata ce, na saba da haukarki. Shi kuwa miji ake nema."

Mama ta sa baki ta ce yaron yana da ladabi, ga sana'arsa. Baba ya ce ladabi daban, nauyin iyali daban. Sai ga maganar ɗan amininsa ta taso, wani mai harkar gidaje da ya daɗe yana aiko gaisuwa. Baba ya ce ba zai tilasta mata ba, amma ta saurari mai harkar gidajen.

Ta saurare shi. Mutumin kirki ne, ba laifi. Da ya ji labarin wasan, zuwansa na biyu sai ga shi da leda mai ƙyalli: sabuwar na'ura da bugun Tudu a ciki.

"Yanzu kina da duka biyun," ya ce yana murmushin wanda ya warware matsala. "Ki yi musaya da kanki. Ba kya buƙatar jiran kowa."

Ta yi godiya, ta mayar masa da ledar cikin ladabi. Ba ta san yadda za ta fahimtar da shi cewa jiran ne take so ba.

Amma wanda take jira ya ɗauke ƙafa. Motar koyon tuƙi ta daina tsayawa a ƙofar shago. Ta kira, wayar ta yi ta ƙara ba a ɗauka ba. Ta rubuta masa, "Na Tudu, lafiya? Ko na yi maka wani laifi ne? Ko kalma ɗaya ce ka turo min, hankalina ya kwanta." Alamar an karanta ta fito, amsa ba ta zo ba.

Yayarta, da ta zo wuni da jaririnta a kafaɗa, ta taɓe baki. "Ke ma dai, ƙanwata. Mutum ya ji iska ta juya, ya kama gabansa, har da ɗan kunkurun naki ya haɗa."

"Ba haka yake ba, Yaya."

"To yaya yake?"

Ta tashi ta shige ɗakinta. Sai ta kunna wasan ta tarar da Manaja yana harararta, hawaye suka cika mata ido. Ba kunkurun ne ya fi ci mata rai ba. Tunanin cewa ta yi kuskuren karanta mutum ne, ita da aikinta kullum duba idanun mutane.

Wata safiyar Asabar tana ɗakinta tana ninke kaya, ta ji sallamar Na Tudu a ƙofar falo. Rigar da ke hannunta ta zame. Bango ɗaya ne tsakanin ɗakinta da falon, kuma ba mai kauri ba ne.

"Na ce ka dakata da zuwa," muryar Baba ce. "Na ce kada ka kira ta, kada ka rubuta mata, har sai na neme ka. Ka kuma yi min alkawari."

Ta dafe bango. Ashe haka aka yi.

"Ban karya ba, Baba, ko da yake ya yi min nauyi. Wurinka na zo. Akwai amanarta a hannuna, ta ce in ta kammala in dawo mata da ita, kuma ta kammala jiya. Abin ba ya aikuwa daga nesa, sai ina kusa. Ba sai na gan ta ba. In ka yarda in zauna a nan, ita tana ciki ta kunna na'urarta, ya isa. Daga nan in tafi."

Sai ta ji muryar Baba.

"Wace irin amana ce ba a ba ɗan aike?"

Ta ji ƙarar kujera, alamar Baba ya matso. Ta ji Na Tudu yana yi masa bayani a nutse, da irin muryar da yake lallaɓa ɗalibai masu tsoron titi. Ya faɗi yadda aka ba shi kunkurun, da dalilin da ya sa take ji da shi, da yadda ya riƙa yawo da shi a duwatsu tsakanin darasi da darasi.

"Da ka riƙe abinka fa, wa zai kama ka?"

"Babu, Baba."

"Kuma ka san in ka mayar, ba ka da sauran dalilin zuwa gidan nan."

"Na sani. Amma nata ne."

Baba ya ɗaga murya. "Uwata, na san kina ji. Kunna abin naki."

Ta kunna. Sai ga Malalaci a allo, da fukafukai shuɗɗa masu sheƙi kamar ruwan da rana ta haska, amma idanunsa a lumshe, yana nan da barcinsa. Dariya da kuka suka zo mata lokaci guda. A gefe an rubuta cewa ɗaya ɓangaren ya amince, saura ita. Ta ɗora yatsa a kan maɓallin, ta kasa.

Agogon falo ya yi ta tafiya.

"Me ake jira?" ta ji Baba ya tambaya.

"Sai ita ma ta danna, Baba. Mutum ɗaya ba ya gama musaya."

"Uwata, danna mana. Kin bar bawan Allah a zaune."

Ta jingina goshinta da bango. Muryarta ta fito ƙasa ƙasa, amma ta ratsa.

"Baba, in na danna zai tafi."

Daga kicin ta ji Mama ta ajiye cokali. Can sai Baba ya yi gyaran murya, irin wadda yake yi in abu ya taɓa shi ba ya son a gane.

"Ni dai ban fahimci wasan nan naku ba, kuma ba na jin zan fahimta," ya ce. "Amma na yi aiki da mutane shekaru da yawa, na san wanda ake ba ajiya a yi barci. Kashe abin nan, ɗana. Ka gaya wa manyanka ina jiransu."

Na Tudu bai kai ga fita daga layin ba saƙonsa ya shigo.

"'Yar Teku, yanzu an sake min hannu. Na karanta saƙonki har na haddace shi. Ba ki yi min laifin komai ba. Ki yafe min shirun nan, ya fi komai wahala a rayuwata."

Ta share ido ta rubuta, "Na yafe, Na Tudu. Amma ka sani Manaja ya sha harara a madadinka."

Baba da kansa ya je ya ba amininsa haƙuri, ɗan nasa kuma ya karɓi abin da mutunci, har ya zo ɗaurin aure. Yaya ce ta fi kowa rawar kai a bikin, tana cewa ita dama tun farko ta san yaron kirki ne. Mai shagon tabarau ta rungume amarya ta ce yanzu benci zai huta.

Da aka zo tafiya da ita, Mama ta riƙe hannayenta ta yi ta zuba addu'a, Allah ya ba da zaman lafiya, ya kawo zuriya mai albarka, ya sa su zame wa juna sutura. Baba ya shirya doguwar nasiha tun da safe, amma da ta durƙusa a gabansa sai ya dafa kanta kawai. Ya juya ya shige ciki.

Suna cikin mota, mijinta a gefenta, wayarta ta yi ƙara. Baba ne, wanda bai taɓa rubuta mata saƙo ba, kullum sai dai ya kira.

"Uwata, Allah ya yi muku albarka ke da mijinki. Gidan ya yi shiru. Ku riƙa zuwa."

Ta miƙa masa wayar ya karanta. Ya riƙe hannunta, ya ce, "Amin. Gobe ma in kina so."