Direban da Bai Taɓa Kayar da Mota Ba

"Auta, me kike shirin yi haka?"

Yatsana yana kan maɓalli, gem ɗin, wato na'urar wasan da ke hannuna, yana tambayata ko na tabbata ina so in goge komai. Ban ji shigowar Dogo ba sam. Ashe mukullin shagonsa ya manta a kan keken ɗinkina, ya dawo ɗauka, ya same ni tsugune a bayan kujerar da Baba ke barcin rana kamar wata ɓarauniya.

Na yi masa alama ya rage murya. Ya rage, amma fuskarsa a murtuke take.

"Gogewa za ki yi? Duk wahalar da ni da Baba muka sha tun safe?"

Dogo mai gyaran waya ne, shagonsa na bakin titinmu. Mun daɗe tare, har 'yan unguwa sun gaji da tambayar yaushe ne, sun koma yi mana kallon tausayi. Shi a shirye yake tun tuni. Ni ce kullum da uzuri a baki, yau ɗinki ya yi yawa, gobe sai Yaya ya zo gari.

Gaskiyar magana kuwa tana kwance a kujerar nan tana minshari.

Baba tsohon direban babbar motar fasinja ne. Abin alfaharinsa guda ɗaya a duniya shi ne har ya ajiye aiki bai taɓa kayar da mota ba, ko kaza bai taɓa takewa ba. Bayan rasuwar Umma mantuwa ta fara kama shi. Da farko mukulli ne da tabarau, daga baya ta kai duk abin da ya faru yau, kafin gobe ya bi iska. Ni kaɗai da gidan nan ne ba mu sulluɓe masa ba.

Ranar da muka dawo daga wurin likita ya riƙe hannuna ya ce, "Auta, direban da ya manta hanya abin dariya ne a tasha. Ki rufa min asiri." Na yi masa alƙawari. Shi ya sa ko Dogo abin da ya sani kawai shi ne tsufa ya fara taɓa Baba. In zai shigo gaisuwa sai in riga shi, in raɗa wa Baba ko wane ne. Baba kuma gwani ne, kowa "ɗana" yake ce masa, a rabu lafiya.

Gem ɗin na ɗan Yaya ne, ya manta da shi da suka zo hutu. Ɗan ƙarami ne mai cika tafin hannu, wasan tuƙin motar fasinja ne a ciki. Tun da Baba ya ɗauka ya daina zarya a tsakar gida yana neman Umma. Matakin farko titi ne shimfiɗaɗɗe, ga rubutu yana nuna maka ina birki, ina totur. Baba zai koya da safe, kafin la'asar ya yi nisa yana ta murna. Matsalar ita ce gem ɗin yana ajiye inda ka tsaya, washegari a nan zai sauke ka, babu koyarwa babu lallashi. Shi kuwa Baba ya wayi gari bai san ko maɓalli ɗaya ba.

Don haka kullum in ya yi barci sai in goge, ya tashi ya tarar da titinsa mai sauƙi yana jiransa.

To yau Dogo ya zo kawo min caja, Baba ya ja shi ya zaunar. Suka haɗa kai kamar yara, wannan ya tuƙa ya miƙa wa wancan, har suka kai wata hanyar kan dutse da ban taɓa gani ba, ruwan sama na zuba, rami hagu da dama. Da Dogo ya sha wata muguwar kwana lafiya, Baba ya dafa kafaɗarsa ya ce wanda ya iya riƙe sitiyari a nan zai iya riƙe gida, ya ba shi Auta. Dogo ya kusa faɗowa daga kujera don murna. Suka rabu a kan gobe zai dawo su ƙarasa hanyar tare.

Abin da ya kama ni zan goge ke nan.

Na ce masa ba zai gane ba. Ya ce to in ganar da shi. Amma alƙawari ya ɗaure min harshe.

"Abar ƙaunata, tsoho ya wuni yana gina abu, ke kuma ki zo a ɓoye ki rushe? Me ya yi miki?"

"Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo."

"Haka ne..." Ya ɗauki mukullinsa yana jujjuyawa. "Ni ma ai haka kike min. Duk lokacin da muka kusa isa, sai ki goge ki mai da mu farko. Yau mahaifinki ya ba ni ke da bakinsa, ko murmushi ba ki yi ba."

Maganar ta soke ni, domin akwai gaskiya a cikinta. Ina son Dogo, so irin wanda in na ji ƙarar babur ɗinsa sai allura ta soke ni a yatsa. Ganin idonsa ya yi ja sai na ji ba zan iya ba. Ya roƙe ni in bar musu wannan ɗin kawai, in yi masa alƙawari. Na danna "a'a" na ajiye gem ɗin a kan tebur.

Ranar ban iya zama wuri ɗaya ba. Na ɗinka hannun riga a baibai na farke. Na ɗauki gem ɗin na ajiye ya fi a ƙirga. Zuciyata ta dinga yi min daɗin baki, wai yadda Baba ya yi farin ciki yau, wa ya sani ko wannan karon zai tuna? Likita ma ai ba Allah ba ne. Da wannan na yaudari kaina na kwanta.

Da safe ina shanya a tsakar gida na ji ƙarar da gem ɗin ke yi in mota ta faɗi, sai salatin Baba ya biyo baya.

Na same shi a tsaye, gem ɗin a ƙasa. A fuskar gem ɗin mota ce kife cikin rami, hayaƙi na tashi.

"Auta... mutum nawa na ɗauko?"

Na ce masa wasa ne, ba kowa a ciki. Ko kallona bai yi ba. Sai maimaitawa yake birki ya ƙi, akwai mata da yara a baya. Na zaunar da shi na ruga kicin in kawo ruwa da maganinsa. Kafin in dawo kujera ba kowa, ƙofar gida a wangale, takalmansa suna nan inda ya cire su jiya.

Ban san lokacin da na zari mayafi ba. Mai shagon kusa da mu ya ce ya ga wucewarsa, ya gaishe shi bai amsa ba. Mai wanki ya ce ya yi dama, mai gadin makaranta ya rantse hagu ya yi. Titin ya cika da masu tafiya aiki, motoci na ta oda, kowace farar riga na hango sai in bi ta da gudu, in na isa in ga wani ne. Ƙafata ta yi tuntuɓe har ta fashe ban ji ba.

Na kira Dogo na ce Baba ya fita. Ya fara tambayar ina ya je, na katse shi na ce ya hau babur kawai, Baba bai san hanyar dawowa ba. Nan take na ji ya ja ƙofar shago.

Shi ya tuna da tasha, ya kira ni ya ce mu haɗu a can. Ni da na san komai tsoro ya hana ni tunani.

Ko da na isa, mutane sun yi da'ira. Baba na zaune a kan benci, ƙafafunsa duk ƙura, ya riƙe hannun rigar wani matashin direba yana roƙonsa ya faɗa masa asibitin da aka kai fasinjojinsa. Wasu na girgiza kai, wasu na ƙunshe dariya. Abin da ya roƙe ni in kare shi daga gare shi ke nan, ga shi na kawo shi da hannuna.

Dogo ya ratsa mutane ya durƙusa a gabansa ya ce, "Baba."

Baba ya dube shi sama da ƙasa. Mutumin da suka wuni tare jiya, wanda ya ba wa 'yarsa.

"Kai ne kamfani ya turo?"

Dogo ya waiwayo ya kalle ni. A fuskarsa na ga lokacin da komai ya faɗo masa. Na sunkuyar da kai, hawaye na ɗiga a kan mayafina.

"Ni ne, Baba," ya ce. "An duba kowa, ko ƙwarzane babu. Duk sun isa gidajensu."

"Har yaran?"

"Har yaran."

"Ɗana, ni ban taɓa kayar da mota ba..."

"Mun sani. Shi ya sa aka ce in zo da kaina in raka ka gida."

Ya cire takalmansa ya sa wa Baba. Ya bar babur ɗin a wurin wani mai faci, muka tako a hankali, Baba a tsakiya, Dogo ba takalmi a kan kwalta mai zafi.

A gida na wanke wa Baba ƙafa, ya sha magani, barci ya ɗauke shi. Sannan na zauna a bakin keken ɗinki na faɗa wa Dogo komai, tun daga likita har alƙawarin. Na gaya masa Yaya ya sha cewa a kai masa Baba, amma an gwada sau ɗaya, kwana Baba ya yi yana kuka yana neman ƙofar gidansa. Ba zan iya barin gidan nan ba, ba yau ba, ba gobe ba. Na ce ya je ya nemi wadda za ta bi shi gidansa, ba zan riƙe shi a zuciya ba. Ƙarya nake, amma na faɗa.

Ya ɗago ya dube ni.

"To kyautar da ya yi min jiya fa?"

"Ta tafi da jiya, Dogo."

Ya miƙa hannu ya ɗauki gem ɗin daga inda ya faɗi. Ya tsura wa hanyar dutsen nan ido, wadda ya so su ƙarasa tare. Gem ɗin ya tambaye shi ko ya tabbata, ya danna "eh" da kansa. Titin farko ya dawo, shimfiɗaɗɗe, ba kowa a kai.

"Sai in sake tambaya gobe," ya ce.

Na ce masa zai gaji. Abin nan ba na mako ba ne, kuma likita ya ce gaba zai yi ba baya ba, wata rana ni ma sai na gabatar da kaina. Dogo ya ce in bar shi ya gaji ɗin tukuna, kar in gaji a madadinsa. Ya ce shekara da shekaru yana jiran in faɗa masa laifinsa, ashe kaya na ɗauka ni kaɗai ina tafiya a karkace. Daga nan na fashe da kukan da na daɗe ina haɗiyewa, shi kuma ya zauna yana ba ni haƙuri a kan maganar da ya faɗa min jiya.

Ba a rasa ƙura ba. Mahaifiyarsa ta ce ita ba ta haifi ɗan da zai tare a gidan surukai ba. Dogo bai yi musu da ita ba, ya ɗauko ta kawai ta wuni da mu. Baba ya yi mata sannu da zuwa, ta shiga kicin ta fito ya sake yi mata, ta idar da salla ya sake. Da za ta tafi ta rungume ni, ta ce hannu ba ya ruɓewa a yanke a yar, in riƙe mahaifina. Yaya ya zo gari, aka yi aurenmu ba hayaniya don kar a firgita Baba.

Yanzu Dogo ne ke goge gem ɗin, ya ce aikin maza ne. Kuma tun ranar da Baba ya gan shi a tsakar gida da sassafe ya ɗauko sanda yana kiran ɓarawo, ya samo dabara. Kafin Baba ya tashi sai ya yi wanka ya shirya, ya fita a hankali ya ja ƙofa, ya tsaya a waje kamar baƙo.

Yau ma ina zuba wa Baba shayi na ji an ƙwanƙwasa, aka yi sallama. Baba ya gyara zama ya ce in duba. Na buɗe wa mijina ƙofa, ya shigo ya cire takalmi ya durƙusa ya gaishe shi.

"Lafiya lau, ɗana. Daga ina?"

"Daga nan bakin titi, Baba. Wurin Auta na zo... aurenta nake so, in za ka ba ni."

Baba ya kalle ni. Na ja mayafi na rufe cikina da ya fara tasowa, idona ya cika. Ya mai da kallonsa kan Dogo, ya ƙare masa kallo irin na tsohon direba, sannan ya matsa gefe ya miƙa masa gem ɗin.

"Auta ba ta da uwa, ni kaɗai gare ta, ba na bayar da ita haka kawai. Zauna mu ga tuƙinka tukuna."