Inuwar Tabarma Guda

Gab da magariba, a wani ƙauye kusa da Garhanga, Ummukulsum tana tuƙa tuwo, 'yarta Rufaida tana tankaɗe tana 'yar waƙa, sai wani abu ya faɗo cikin tukunya. Ta sa muciya ta tsamo. Ɗan gawo ne, busasshe, a murɗe. Wani ya faɗo bakin rumbu, wani kan rufin ɗaki. Awaki, da ba su taɓa ganin 'ya'yan gawo sun ƙyale ba, suka ja igiya suka manne da bango.

Gawo ɗaya ya rage a wannan tudu, na gonar mijinta Tasi'u, shi ma an sare shi shekara uku da suka wuce.

Tasi'u manomi ne na kirki, sai dai yana da cutar son a yabi gonarsa. In ya yi sassabe, ko allura ka yar sai ka tsinta. Kututturen gawon nan kowace shekara sai ya yi toho, shi kuma kowace shekara sai ya aske shi da gatari. Ummukulsum, wadda tun tana budurwa ta ɗauki duwatsu a ka a aikin farfaɗo da ƙasa na Keita, ta sha roƙonsa ya bar ko reshe ɗaya. Ya ce raggo ke barin daji a gona. Bana ya gaji, ya tara kara ya cinna wa kututturen wuta.

Kwana tara ana jifa, kullum da faɗuwar rana. A na goma Rufaida ta ajiye rariya, ta zauna a ƙasa, ta rufe kanta da hannuwa. Da muryar wata tsohuwa ta ce, "Zahi. Wayyo, zahi."

A asibiti ba a ga ciwo ba. Aka ɗauko Malam Abdulmumin daga Ibohamane, dattijo marar yawan magana. Ya yi ta karatu har yarinyar ta ɗago kai, ido a kafe.

"Wace ce ke?"

"Ni ba muguwa ce ba, Malam. Tun kakan kakan wanga mutum nike cikin iccen nan. Da anka sare, na shiga saiwa da ɗiyana bakwai. Kowace shekara mu turo kai mu sha iska, shi aske. Bana wuta ya sa muna. Biyu sunka rage min."

Tasi'u ya ce, "In yanka miki akuya."

"Mi zan yi da jini? Inuwa nika so."

"An cuce ki," in ji Malam, "amma ɗiyar ga ba ta da laihi. Ki koma wani icce."

"Wane? Hita ka duba tudun."

Malam bai fita ba, don ta tudun ya biyo, bai ga icce ko ɗaya ba. Tsohuwar ta ce sai gawo ya koma yadda yake za ta saki yarinyar. Ya ce wannan shekara arba'in ne, bai yarda ba. Suka ja, suka ja, har ta sauko: za ta fita yanzu, amma muryar yarinyar tana hannunta sai ranar da inuwar gawon ta rufe tabarma guda da rana tsaka. Rufaida ta yi atishawa uku, ta dubi uwarta, ta buɗe baki. Babu ko sauti.

Da ruwan farko wata saiwa ta turo toho, taku huɗu daga toka. Ummukulsum ta zaɓi reshe mafi ƙarfi, ta datse sauran, ta kewaye shi da ƙaya. Da rani ta ɗauko ruwa daga kwari a ka. Ta yi faɗa da makiyaya, ta yi da maƙwabta. Tasi'u, mai gona fes, ya koma barin kowane toho da ya gani, har ana yi masa dariya a kasuwa. Kowane rani ya shimfiɗa tabarma a gindin, ya naɗe, ya dawo.

A shekara ta huɗu ciwon ƙirji ya kwantar da Ummukulsum. Ta riƙe hannun 'yarta tana cewa, "Ce Inna, ko sau guda." Yarinyar ta yi ta motsa leɓe har jijiyoyin wuyanta suka tashi. Haka uwar ta cika. Mata suna kuka, Rufaida tana zaune a kusurwa, baki buɗe. Duk wanda ya ga wannan zaman, har yau in ya tuna sai ya kau da kai.

Rani na shida, Tasi'u ya shimfiɗa tabarma, ya zagaya ta sau biyu. Babu gefen da rana ta taɓa. Ya je ya kamo hannun Rufaida, ya zaunar da ita a kai. Shekara shida yana tanadin kunnensa don ya ji ta ce Baba.

Ta ja numfashi. Abin da ya fito ya ratsa tudun har cikin gari.

"Wayyo Inna! Inna! Na ce, Inna!"

Mata suka yar da taɓarya suka rugo, suna tambayar wa ya rasu. Wata ta sunkuya za ta rufe mata baki. Tasi'u ya tare hannunta, hawaye na bin gemunsa.

"Ku bar ta," ya ce. "Ita yau uwatta ta rasu."