Talotalon da Aka Manna a Kwali

A garinmu Toledo akwai wata yarinya 'yar aji huɗu. Bene ɗaya muke zaune da su, su a sama, ni a ƙasa da kyanwoyina. Yarinya ce mai ƙoƙari a makaranta, amma fa akwai son a yabe ta. In malama ta yabi wani, ranar ko abinci ba ya yi mata daɗi.

Babanta ya tafi wani gari neman aiki tun da aka rufe masana'antarsu. Mamanta Corinne ce ke riƙe da gida, tana kula da yarinyar da ƙanenta Lonnie, ɗan shekara huɗu.

Kowace Lahadi, Mama takan sayi jarida. Ba don labarai ba. A tsakiyarta akwai takardun rangwame na kantuna. Kowace tana ɗauke da hoton kaya, da wasu ƙananan layuka baƙi da injin kanti yake karantawa. Ka miƙa ta, a rage maka kuɗin kayan.

Mama takan yanke su a hankali, ta zuba a wani tsohon gwangwanin biskit. Gwangwanin na mahaifiyarta ne, Kaka Odessa, wadda ta rasu a farkon shekarar.

"Kada wanda ya taɓa min gwangwanin nan," in ji Mama. "Abincinku ne a ciki."

Ranar Godiya, wato bikin shekara da iyali kan taru a ci gasasshen talotalo, ta matso. A makon, kantin Harlan yakan ninka rangwamen kowace takarda, daga Litinin zuwa Laraba. Mama ta daɗe tana tara takardun saboda makon nan.

Dalili kuwa, mahaifinta Kaka Wendell zai zo. Tun rasuwar matarsa tsohon nan ya daina cin abincin kirki. Ya rame, wandonsa har zamewa yake. Mama ta kira shi a waya ta ce, "Baba, ka zo. Zan gasa talotalo, in yi maka kek ɗin dankali mai zaƙi irin na Mama."

Sai ya ce, "In dai irin nata ne, zan ci."

To, a makaranta kuma Malama Delgado ta ba da aiki. Ta ce kowa ya yanko hotunan abinci daga tsofaffin mujallu, ya manna a kwali, ya haɗa teburin Ranar Godiya. Wanda ya fi kyau za a rataye shi a bangon aji.

Yarinyar ta duba gidansu kaf. Babu mujalla ko ɗaya. Ranar Lahadi da yamma, Mama ta sauka wanki. Idon yarinyar ya faɗa kan gwangwani.

Ta buɗe. Kai! Ga talotalo yana ƙyalli, ga man shanu, ga fulawa, ga gwangwanin madara, ga kirfa. Ta tuna maganar Mama sarai. Amma ta ce a ranta, "Hoton kawai zan cire. Ai sauran takardar tana nan."

Almakashi ya shiga aiki. Bai tsaya a kan hoto ba, ya ci har layukan baƙi. Ta mayar da ragowar, ta rufe gwangwani, ta ɓoye kwalinta a jaka.

Ranar Litinin da safe ta miƙa wa malama aikinta. Da yamma suka tafi kanti su uku. Mama ta cika keken kaya, fuskarta a sake. Yarinyar kuwa sai satar kallon gwangwanin take.

Suka iso wurin biya. Mama ta buɗe gwangwani, ta zaro takardar talotalo. Rami ne a tsakiyarta. Ta zaro ta man shanu, ita ma haka. Ta zaro wata, ta zaro wata.

Mai karɓar kuɗi ta juya takardun ta ce, "Ayya, 'yar'uwa, ki yi haƙuri. Injin ba zai karanta su ba. An yanke layukan."

Layi ya yi tsawo a bayansu. Wani mutum ya yi tsaki ya ce, "Haba, yau a nan za mu kwana?"

Mama ta juyo ta dubi Lonnie. Kowa ya san shi da ɓarna, ko a watan jiya sai da ya yanke gashin kansa.

"Lonnie! Kai ne ko?"

"Ba ni ba ne, Mama!"

"Rufe min baki."

Yarinyar tana tsaye, ta ji komai. Ta sunkuyar da kai, ba ta ce uffan ba. Wannan shirun nata, wallahi, ya fi yankan da ta yi muni.

Mama ta fara cire kaya daga keke. Talotalo ya koma. Man shanu ya koma. Madara, kirfa, sukari, duk suka koma. Aka bar wake, shinkafa, burodi da ɗan dankali. Mama dai ba ta yi kuka a gaban mutane ba.

A gida aka hana Lonnie kallon talabijin. Ya kwanta a ƙasa yana ta rusa kuka. Har ɗakina nake jiyo shi yana cewa, "Ba ni ba ne, ba ni ba ne."

Mama ta ɗauki waya za ta kira Kaka Wendell, sai ta ajiye. Ta zauna da gwangwani a cinyarta ta ce, "Me zan ce masa? Na yi masa alkawari."

Washegari yarinyar ta shiga aji. Me za ta gani? Kwalinta a bango, an manna masa tauraro mai ruwan zinariya.

"Ku tafa mata," in ji Malama Delgado. "Ku dubi talotalon nan, kamar ka miƙa hannu ka yago."

'Yan aji suka tafa. Yarinyar ta dubi talotalon, sai hawaye. Da aka fita hutu, malama ta tsayar da ita.

"Me ya faru, 'yata? Ke da kika zo ta ɗaya?"

Yarinyar ta faɗa mata komai, har da maganar Lonnie. Malama ta daɗe tana kallon kwalin.

"Kin yi laifi biyu," in ji ta. "Kin taɓa abin da aka hana ki, kuma kin bar ƙaramin yaro ya ɗauki laifinki. Na ji daɗi da kika faɗa min. Amma ba ni ce zan yafe miki ba. Kin san wa za ki faɗa wa?"

"Mama. Da Lonnie."

Malama ta sauke kwalin daga bango ta miƙa mata.

Da Mama ta dawo daga aiki, ta tarar da kwalin a kan tebur. Ta gane talotalonta nan take.

"Mama, ni ce. Ba Lonnie ba ne. Ki yafe ni."

Mama ba ta yi faɗa ba. Da ma ta yi, da ya fi sauƙi. Ta kira Lonnie ta rungume shi ta ce, "Ɗana, na zalunce ka. Ka yafe wa Mama."

Lonnie ya harari yayarsa ya ce, "Ai na faɗa! Muguwa kawai."

"Na yarda," in ji yarinyar. "Ka yi haƙuri."

Sai Mama ta dube ta ta ce, "Ke gani kike takardu ne kawai. Kowace ɗaya da kika yanka, abinci kika cire daga tukunyarmu. Kakarki da irinsu ta ciyar da mu har muka girma."

Yarinyar ta zazzage gwangwanin a tebur tana share hawaye. Ashe akwai waɗanda ba ta taɓa ba, don ba na abincin mutane ba ne. Ga na abincin kyanwa, ga na sabulun wanki, ga na ƙunzugun jarirai.

"Mama, waɗannan fa? Ai ba mu da kyanwa."

"Na musaya ne," in ji Mama. "Kakarki takan bi maƙwabta, ta ba su abin da ba ta so, su ba ta nasu. Ni kunya nake ji, shi ya sa suka taru."

"Ni zan je. Gobe ne ƙarshen ninki, ko?"

Haka na ji ana ƙwanƙwasa min ƙofa. Na buɗe, ga ta da gwangwani a hannu, ido ya yi ja.

"Misis Pruitt, ina wuni? Ina da takardun abincin kyanwa. Ko kina da na man shanu ko fulawa mu yi musaya?"

"Ke kuma yaushe kika zama 'yar kasuwa?" na ce. "Ina naku suka tafi?"

Na zaci za ta yi ƙarya. Ba ta yi ba. Ta ce, "Ni na lalata su." Allah sarki, sai ta ba ni tausayi. Na ɗauko jaridar Lahadi, muka zauna muka yanke tare. Na nuna mata yadda ake barin layukan baƙi, da inda ake duba ranar da takarda za ta daina aiki.

Ta bi ƙofa ƙofa har hawa na sama. Wata mai jego ta karɓi na ƙunzugu ta ba ta na madara da sukari. Wani ya ce ya riga ya zubar da nasa a shara. Wata ma ko buɗewa ba ta yi ba. Yarinyar dai ba ta fasa ba. Ta samu na man shanu, na fulawa, na kirfa, da na kaza. Na talotalo kuwa babu, kowa yana son nasa.

Ranar Laraba suka koma kantin Harlan. Yarinyar ce ta miƙa takardun da hannunta, injin ya karɓe su ɗaya bayan ɗaya.

Ranar Godiya Kaka Wendell ya zo. Ni ma an gayyace ni. Ya dubi tebur ya ce, "Talotalon bana ya yi ƙanƙanta. Ko shi ma ramewa ya yi irina?"

"Kaza ce, Kaka," in ji yarinyar. "Laifina ne." Ta ba shi labari, ba ta rage komai ba.

Tsohon ya ce a kawo masa gwangwanin. Ya shafa murfinsa.

"Ashe har yanzu yana yawo gidajen maƙwabta," in ji shi. "Da kakarki ta gan ki, da ta ja miki kunne tukuna, sannan ta rungume ki."

Mama ta kawo kek ɗin dankali. Duk muka zuba wa tsohon ido. Ya kai loma ɗaya bakinsa, ya rufe ido. Ya ci, ya ci, har ya cinye. Sannan ya tura farantinsa gaba.

"Corinne, a ƙara min."

Mama ta juya baya tana share ido da gefen riga. Yarinyar ta yi wuf ta yanko masa babba.

Tun daga ranar, kowace Lahadi tana zaune kusa da Mama da almakashinta, Lonnie yana jera takardun a gwangwani.

Yara, abin da iyaye suka ce kada a taɓa, akwai dalili, ko da ƙaramar takarda ce. In kuma kun yi laifi, ku faɗi gaskiya da wuri, kada ku bar wani ya ɗauka, sannan ku tashi ku gyara abin da kuka ɓata.